Ranar da na ɗaure wa zarton surukina sarƙa

Ni dai na yarda, wauta ba ta tsufa, mai ita ne ke tsufa. Ko na so in manta da wannan rana, mutanen unguwarmu a Bungudu ba za su bar ni ba.

Da damina ne. Iskar hadari ta karya reshen darbejiyar ƙofar gidana, ya faɗo ya tare bakin zaure. Ɗiyata Hassi ta ji labari a Gusau, washegari sai ga mijinta Lawali a kan babur, ya ɗauro ƙaramin janareto da zarton lantarki, irin mai sarƙa da haƙora. Kafinta ne, kuma da wannan zarton yake ciyar da ɗiyata da jikokina huɗu.

Ya durƙusa ya gaishe ni, kai a ƙasa kamar kullum, ya tada inji ya kama aiki. Kafin ka ce kwabo unguwa ta taru kallo. Da ya yanka gunduwa biyar ko shida sai ya tsaya ya zare wayar zarton daga janareto, don sarƙar ta yi zafi ta saki, tana reto kamar leɓen raƙumi. Ya sassauta notin gefe, ya ɗauko sukudireba.

Nan taubashina Mamman (bakinsa ya fi zarton kaifi) ya ce, "Kai tsoho, ba kai ka cewa ka yi aikin katako a kudu ba? Yau ga ranarka, ka yi tsaye kamar turke!"

Tsakanina da ku, kudu na je, amma dakon goro na yi. Sai dai labarin da na daɗe ina zubawa a majalisa ba zai mutu a gaban suruki ba. Na naɗe hannun riga na ce, "Lawali, miƙo nan."

Ya miƙo da hannu biyu.

Ni abin da na sani a duniya shi ne ɗaurin kaya: damin dawa, mangalar jaki, igiyar guga. In abu ya saki, ka ja shi sai ya daina motsi. Na dinga murɗa ɗan ƙarfen da ke jan sarƙar, ta hau ta kwanta. Lawali ya ce a hankali, "Baba, kamar dai ya..." Na ɗago na dube shi. Ya mai da kai ƙasa. "To, Baba." Yaro mai kunya, ta ina zai gyara wa uban matarsa a gaban jama'a? Na ƙara murɗawa sau uku, na ƙulle noti da sifana har da cije leɓe, na taɓa sarƙar na ji ta kamar tsarkiyar baka.

Na ce, "Haka ake yi a kudu."

Aka jona waya, na ɗora zarto a kan itace, na matsa. Ya yi gurnani, sarƙar ta ɗan ja, ta tsaya cik. Maimakon in saki sai na ƙara matsawa (na gaya muku ba ta tsufa). Sai ƙaurin roba, da ɗan hayaƙi siriri. Lawali ya yi tsalle ya fizge wayar.

Wallahi ba dariyar Mamman na ji wa tsoro ba. Tukunyar Hassi na tuna. Mutum ya zo taimako, ni kuma na ƙone masa abincin gidansa saboda labarin ƙarya.

Allah ya taimake ni aka kira la'asar. Lawali ya ce, "Baba, ku tahi masallaci, ni in tsare kayan ya huce, sai in biyo ku."

Allah ya yafe mini sallar nan. Jikina na bayan liman, zuciyata na kan zarto.

Da muka dawo ya sake miƙo mini da hannu biyu. "Baba, ya huce, ɗaurinka ya zauna. Gwada mu gani." Kafin ya jona wayar, na ga ya ɗaga sarƙar da yatsu biyu, ta ɗan tashi ta koma tas, ya ja ta da hannu ta zagaya sumul. Na san ɗaurina, wannan ba shi ba ne. Na yi bisimilla na matsa. Zarto ya shige itacen nan kamar wuƙa a kabewa.

Wani ya ce, "Ashe tsoho ya iya!" Mamman ya yi tsaki. Ni kuwa na miƙa wa mai kaya kayansa na ce, "Ƙarasa, yaro, na nuna maka hanya."

"Na gode, Baba," in ji shi. Ko murmushi bai yi ba.

Tun ranar na gane ba komai ke son ɗaurin jaki ba, sarƙar zarto sai an bar mata wurin numfashi. Kuma in suruki ya ce "kamar dai ya", tsoho ya tsaya ya ji ƙarshen maganar.

Na shiga gida ina taƙama, na tarar da uwar Hassi tana kwasar tuwo. Ba ta ko ɗago kai ba ta ce, "Na leƙa ta katanga kuna salla. Yaron nan yana warware ɗaurinka yana waige-waige kamar ɓarawo. Malam, da za ka riƙa daɗewa a masallaci, da gidan ga duk ya gyaru."