Ranar da Na Mayar da Alhaji Sale Maraya

Ba zan taɓa mantawa da fim ɗina na farko ba, don mutanen unguwar Jarwal ta Makka sun ƙi bari in manta.

A shekarun ana ta rushe tsofaffin gidaje ana gina otal. Na kalli wani shiri a intanet, wani mai ɗaukar fim yana bin tsohuwar unguwar Yahudawa a Maroko gida-gida, tsofaffi suna ba shi labari kafin su ƙare. Abin ya taɓa ni. Na ce ai mu ma Hausawan Makka muna da tsofaffi, ga kuma katafila a bakin layi. Na ari kyamara, na sayi hular hana-sallah (a ganina darakta ba ya yawo kai ba hula).

Matsalar ita ce babu tsohon da zai zauna gaban kyamara sai da yardar Alhaji Sale, dattijon unguwar. Ya ce, "Fara da tsohuwar gidan can. In ya yi kyau, a buɗe maka sauran gidajen."

Tsohuwar ita ce Hajiya Kande, wadda ta zo Makka ta hanyar Sudan tana yarinya. Labari ya yi daɗi. Na tambaye ta 'ya'yanta, ta ce Hauwa, Garba, Ladi. Muna cikin haka Alhaji Sale ya shigo da burodi mai zafi, ya durƙusa ya gaishe ta. Ko kallonsa ba ta yi ba.

Na ce, "Hajiya, shi Alhaji fa?"

Ta ce, "Yaron nan? Nan dai muka gan shi ya tashi."

Ni haifaffen unguwar Misfala ne a nan Makka, a lokacin Larabci ya fi Hausa zama a bakina. Murna ta kama ni, na samu abin da zai sa mutane kuka. Na ɗora muryata a kan hoton Alhaji, na sa sarewa mai ban tausayi, na ce, "Wannan bawan Allah ya tashi bai san uwa ba, bai san uba ba." Ban nuna wa kowa ba, wai ina so in ba su mamaki.

Aka haska fim ɗin a bango bayan magariba, maza a gaba, mata bayan labule. Da aka zo wurin maganar Alhaji, sai tsit. Na ɗauka kuka ake shirin yi, har na gyara hula. Sai dariya ta ɓarke ta ɓangaren mata.

Alhaji Sale ya juyo a hankali. "Yaro, wa ya kashe min uwa? Ga ta can tana cin dabino."

Gwaggona ta leƙo ta gefen labule, ta kira ni ɗana da Larabci. "Ya waladi, ɗanta ne na fari. Mace ba ta kiran sunan ɗan fari, balle ta ce nata ne a gaban mutane. Kunya ce."

Na so ƙasa ta tsage in shige. Wani dattijo ya ce, "Hajiya, ki wanke Alhaji mana." Sai muryarta ta fito daga bayan labule: "Ni dai na gan shi ya tashi."

Alhaji kansa sai da ya yi dariya. Ya buɗe min gidajen kafin a rushe su, da sharaɗin gwaggona ta zauna a kowace hira. Daga nan na koyi cewa in tsohuwa ta tsallake suna, in tambayi dalili kafin in sa sarewa.