Binciken da Ke Shan Ruwa Safe da Yamma

Jama'a, ku taya ni yi wa hukuma godiya, don a Maraɗi yanzu bincike har ganye yake fitarwa.

Ranar kasuwa Idirisa, wani manomi daga Jiratawa, ya koro jakinsa da gyaɗa zuwa kantin Nasara. Ashe an sace buhu a kantin. Jandarmomi suka duba taron, suka ga babu mai faɗin kafaɗa kamarsa, suka tasa shi gaba har da jakin.

Matarsa Tasalla ta taho a ƙasa, goyo a baya. A ƙofar bariki aka ce mata ana anketi, wato bincike. Ta leƙa ta kan katanga, sai ga binciken da idonta: Idirisa da jakinsa suna jigilar ruwa daga rijiya zuwa lambun Mai Girma Babban Jandarma. Salati, wato latas, ya yi kore shar.

Ta nufi gidan shari'a, ta durƙusa gaban Zuju, alƙalin Nasara, mutum mai tausayi, don har ya ajiye mahuci ya saurare ta.

"Ranka shi daɗe, mijina bai ɗauki komi ba. A kawo shi gabanka, in shina da laifi a yanke mashi."

Zuju ya yi magana mai tsawo. Tafinta ya gajarce ta: "Mushe Zuju ya ce shari'a ba ta sa baki sai an gama anketi."

"To yaushe za a gama?"

"Sai masu yi sun ce sun gama."

"In ba su ce ba hwa?"

"Ke, baiwar Allah, ashe ba a gama ba ke nan."

Na rantse ban taɓa jin doka mai tsabta irin wannan ba. Ko ta ina ka ɓullo mata, ƙofa a rufe take, kuma cikin ladabi.

Tasalla ta tafi Tsibiri wajen yayanta Maman Lawali don ya raka ta bariki. Ya ce, "Ƙanwata, kin ga kahwaɗuna? Na fi mijinki faɗi. In na je, lambu biyu za a yi."

Haka ta yi ta zarya, tana miƙa fura ta kan katanga. Gona ba shara, irin shuka ma sun fara cinye shi. Wata rana ta ce wa mijin, "Mi suka tambaye ka?"

Ya ce, "Sun tambaye ni ko na iya dashen albasa."

Ana nan sai ruwan farko ya sauka, lambu ya ƙoshi. Washegari gaskiya ta bayyana: Idirisa ba shi da laifi. Zuju, Allah ya ƙara masa adalci, ya sa hannu nan take. Idirisa ya fito kafaɗu duk kanta, aka ce ya yi godiya, ya yi. Maƙwabta suka tara masu iri, suka yi shuka a makare.

Ruwan nan dai ya rushe katangar bariki. Maƙwabcina Sha'ibu, magini, tun da ya ji labari ya tuna yana da wata gwaggo a Katsina da ya daɗe bai gaida ba.