Yadda Surukina Ya Shiga Bidiyonmu

Ba zan taɓa mantawa da abin da Bulus ya ja min ba. Abokina ne tun sakandare, mai gyaran waya a Gwallaga, kuma shi ya matsa wa 'yan ajinmu sai mun yi bidiyon cilla hula. Kowa a gidansa zai cafe hula, ya kafa, ya ɗan taka rawa, ya cilla gaba, shi kuma ya harhaɗa. Wai irinsa ne ke yaɗuwa, tunda kowa yana da dangin da za su tura.

To ni fa mutum ne mai kima a wajen surukina. Tun da na auri 'yarsa bai taɓa ganin haƙorana ba, ko ruwa ba na sha a gabansa. (Matata ce kaɗai ta san ainihina, Allah ya bar mu tare.)

Na jingina waya a kan randa, matata ta cillo hula ta shige kicin, na hau karkaɗa kafaɗa har da juyi. Ina juyowa sai ga Baba, surukin nawa, a bakin zaure, riƙe da ledar mangwaro daga gonarsa ta Inkil. Ashe ya gaji da sallama, kiɗa ya hana ni ji. Ban san lokacin da na zube ƙasa ba, hula a karkace, kafaɗa ɗaya ba ta gama rawa ba, ina ta jero "Baba ina wuni, an zo lafiya?"

Na tura wa Bulus, na roƙe shi ya yanke ƙarshen. Ɗan banzan nan sai ya yanke farkon.

Kafin in ankara masu keke sun fara durƙusa min a titi. Kunya ta hana ni bin layin su Baba, har ranar da ya aiko in zo. Na tafi gumi na keto min, na tarar da shi cikin abokansa a ƙofar gida, kowa da waya a hannu.

"Abban Hanifa," in ji shi, "ka ce wa yaron nan ya gyara. Fuskata ba ta fito sosai ba."

Ashe shi ne ya tura wa 'yan masallacinsu da abokan noma da dangi kaf, yana cewa su duba, ga shi nan a bakin zaure.

Ranar na gane babu ruwan kowa da iya rawarka, kansa yake nema a ciki. Ni dai yanzu ko atishawa zan yi, sai na sa wa ƙofar zaure sakata.