Rasuwar Faifan Dambe na Shagon Wagdi

Da zuciya cike fal da baƙin ciki, da manyan yatsu duk sun yi kanta, Wagdi mai aski na layin masu kifi a Iskandariyya yake sanar da rasuwar faifan gem ɗinsa na dambe da ake bugawa a talabijin, bugun ƙarshe, cikakke, mai 'yan dambe arba'in da biyu, har da tsohuwar nan mai duka da ludayi. Daga shi kamfani bai sake haihuwa ba.

Marigayin ya yi shekara goma sha ɗaya a ƙuryar shagon, bai taɓa nuna bambanci ba: likita da mai gasa masara duk ƙasa yake kai su. Za a daɗe ana kewar muryarsa, "Hiyaa! Tim! Kwas!", wadda ta taɓa sa Wagdi ya aske wa wani bawan Allah rabin gira.

Dokar shagon ita ce mai nasara ya hau kujera mai katifa, wanda ya sha kaye ya koma kan akwatin lemo. Kujerar ta Wagdi ce, amma tun ranar farko Medhat, mijin ƙanwarsa, ke kanta. Ko sau ɗaya Wagdi bai taɓa kayar da shi ba, har akwatin ya yi masa zane a wando.

Ciwon ajali ya fara da 'yar ƙarzuwa. An hura masa iska, an goge shi da bakin riga, an shafa masa man goge baki. Ranar Talata bayan la'asar, ran ɗan damben Medhat a allo saura kamar zare, na Wagdi ya yi sama da ƙafa, sai hoto ya tsaya cak. Marigayin ya ce "Hi-hi-hi-hi," ya cika, ƙafar tana sama.

"Wallahi ta same ka!" in ji Wagdi, yana hawaye.

"Ta sami iska dai, yaya," in ji Medhat. "Koma akwatinka."

Ya rasu ya bar na'ura ɗaya, da abin dannawa biyu, ɗaya ɗaure da salatif, da wannan gardama.

Gobe da hantsi za a rataye gawar a barandar mahaifiyar Wagdi, inda za ta riƙa korar tattabaru da ƙyallinta. Za a karɓi gaisuwa a shago, da gahawa ba sukari. Tun da mai makoki ake ba wuri mafi laushi, Wagdi ne zai zauna a kujerar. An goge wa Medhat akwati. Zaman na kwana arba'in ne, kuma in baƙin cikin bai lafa ba za a ƙara.