Littafin da na buɗe ta hagu

Ni da na yi makarantar allo, na tashi ina karatu daga dama, ni ne na buɗe littafin manga, wato labarin zane irin na Japan, ta hagu.

A wani baje kolin littattafan zane a Birmingham na saye shi, hannun matar da ta zana ta kuma buga da kanta. Layi har ƙofa, duk manyan mata. Ta ce min, "Na manya ne fa." Na ce ai PhD nake yi. Na leƙa shafin da na ɗauka shi ne na farko: ango da amarya, iyaye na sa albarka. Na ce madalla, mutanen kirki, da aure suka fara.

Na kai wa Rukayya, wadda nake nema, a gidan yayanta a unguwar Lozells. Har da rubutu na yi a bangon littafin: "Allah ya sa namu ya bi wannan tsari."

Yayan ya karɓa, ya buɗe ta dama, yadda ake buɗe manga. Shafi uku ya duba ya rufe.

"Malam, wannan tsarin kake nufi?"

Ashe auren shi ne ƙarshen labarin. Duk abin da ake jira sai an ɗaura, sun gama shi tun farko.

Rukayya ta auri wani. Littafin ma ba a dawo min da shi ba, wai ƙawayenta layin aro suke yi.

Har yau a Hulme, unguwar da nake zaune, ko menu na ɗauka a gidan abinci, sai wani ya ce, "Dakta, ta dama ake farawa."