Ranar da Aka Karanta Shaidata a Gaban Kawu

Ba zan taɓa mantawa da zaman kotun nan ba, ko da yake an ɗan jima, mai yiwuwa wasu abubuwan sun cakuɗe mini.

Kawuna Malam Sule, manomi a Kademi, yana da shanun huɗa guda biyu. Wata safiya yana kora su a hanyar Gaya, ina biye da shi, wata motar kaya ta banke ɗaya, dole aka yanka. Direban ya dage cewa san ne ya faɗo masa titi. Kawu ya kai ƙara neman diyya, ni kaɗai ne shaidarsa. Hankalin kowa a kwance, tunda ni ne mai digiri a gidan.

To, a jami'a an hore mu kada mu yanke magana sai da cikakken tabbaci. Da alƙali ya tambaye ni ko san a gefen hanya yake, sai na tuna ai ban auna ba. Na amsa masa kamar ina gaban malamin da ke duba bincikena. Aka kori ƙarar. (Kawu kunnensa ya yi nauyi, bai ji bayanina ba, ni kuma ban ga dalilin maimaita masa ba.)

Damina ta matso, sa ɗaya ba ya jan garma, sai muka ɗaukaka ƙara. Ashe kotun sama ba ta sake kiran shaidu, abin da aka rubuta a ƙasa take bi. Kuma da ƙarfi aka karanta shaidata, Kawu yana benci na gaba.

“Shaida ya ce a iya fahimtarsa san yana gefe, amma ba zai kore yiwuwar ƙafarsa ɗaya ta hau kwalta ba. Ya ce motar tana gudu, sai dai gudu ya danganta da mai kallo.”

Wani daga baya ya ƙyalƙyale da dariya. Kawu ya juyo wurina a hankali.

“Kai ɗan nan, kana wurin, ko labari aka ba ka?”

“Ina wurin, Kawu.”

“To ni ka zo wa shaida, ko direba?”

Allah ya taimaka, kotun ta ga ba a ba Kawu damar kawo wani shaida ba, ta ce a sake shari'ar. Aka samo wani makiyayi da ke kusa ranar. Abin da ya faɗa bai wuce wannan ba: “Kan ciyawa yake. Da idona na gani.” Kawu ya yi rantsuwa, aka ba shi diyyarsa, amma lokacin huɗa ya wuce. Rabin gonar da hannu muka yi, kuma ba sai na faɗi wanda ya fi shan rana ba.

Na gane cewa taka-tsantsan ɗina kaina kawai ya kare. Abin da na gani, na gani, sai in faɗa kai tsaye.

Duk da haka, waɗanda suka halarci zaman, in na yi kuskure a wani wuri, don Allah a aiko mini da gyara. Musamman batun benci, don ban tabbata na gaba ba ne.