Rasuwar Hajiya Firiza, da Wanda Ya Soke Ta

Da zuciya mai cike da baƙin ciki, da kuma wani abu da ya fi baƙin ciki zafi, ni Halima Sa'adiya mai ƙanƙara, ta gidan haya mai jan ƙyaure a bayan layin dogo, Agege, nake sanar da 'yan'uwa da abokan arziki, har da waɗanda ba na arzikin ba, rasuwar uwar ɗakina kuma abokiyar sana'ata, Hajiya Firiza. Ta rasu a barandar ɗakina cikin kwanakin ƙarshe na watan azumi, ba kowa a kanta. Ba tsufa ne ya kashe ta ba, ba kuma wuta ba ce, kamar yadda ake so in ce. Soke ta aka yi.

An haifi marigayiya a ƙasar Turawa. Ta yi musu bauta har suka gaji da ita, suka cusa ta a kwantena suka turo Legas. Na same ta a Mushin da tabo a gefe, murfinta yana ƙara kamar tsohuwar ƙofa. Na sa mata Hajiya ne don ta hau jirgi, ko da na ruwa ne, ni kuwa motar haya ta danfo ce iyakata. Shekara goma sha ɗaya muna tare, ban taɓa jin ta yi gulmar kowa ba, abin da ba zan iya faɗa a kan mutum uku a gidan nan ba.

Mai haƙuri ce. A ɗauke wuta sau bakwai a yini, ta yi shiru ta riƙe sanyinta a ciki. Da an dawo da ita sai ka ji "tik", sai "gurrrr", ta ci gaba da aiki ba ƙorafi. Maganarta ke nan a duniya, tik da gurrrr, amma da su ta ciyar da yara huɗu ta kai biyu sakandare.

Aikinta kuwa duk layinmu an san shi. Maƙwabciyata Rahila, Kirista 'yar Zonkwa, mai ɗinki a ɗakin da ke jikin nawa, ita ta koya mini shi a shekarar da na sayo marigayiya, lokacin da nake ƙulla zallar ruwa da kala ina kiransa sana'a. Lemon kwalba uku za a juye a roba, a bar shi ya huce har iskar ta fita. A zuba madarar gwangwani mai kauri guda ɗaya, a juya da ludayi har launin ya yi kamar kwaiduwar ƙwai. A ƙulla a farar leda, a bar wurin yatsa biyu a sama, don in ta daskare kumbura take yi. Sauran aikin na Hajiya ne. Awa shida, ta miƙo maka abin da in ka tsotsa a zafin watan Maris sai ka yafe wa maƙiyinka. Da azumi, tun kafin a kira magariba masu okada sun yi layi a ƙofar gida, kowa da ledarsa a hannu yana kallon bakin ladani.

Sharaɗi ɗaya gare ta a rayuwa: ba a taɓa ta da ƙarfe. In abu ya maƙale a jikinta, ruwan ɗumi ake zubawa, a jira, a ɗaga da muciya. Na faɗa da Hausa, na faɗa da Yarabanci, na faɗa da turancin da ban iya ba. Babu mai kunne a gidan nan da bai ji ba.

Ga yadda ajali ya zo. Saura kwana huɗu Sallah mutanen gida suka yi watanda, wato suka haɗu suka sayi sa aka yanka aka raba. Kashi tara, kowa ya ƙulle nasa a baƙar leda ya kawo wa Hajiya ajiya, kamar yadda suka saba duk shekara ba ko sannu. A ƙarƙashin naman akwai ƙanƙara ɗari uku da na ƙulla don ranar idi. Da yammacin ranar aka kira ni Ebute Metta, 'yata ta fari ta haihu. Na danna kwaɗo, na ba Rahila mabuɗi, na tafi.

Washegari da azahar wani dattijo a gidan nan ya ga ba zai iya jiran Sallah ba, sai ya ci hanta da buɗa-baki. Ya je ya tsaya wa Rahila a ƙofa, ya ce shi ne babba a ɗakinmu, ta ba shi mabuɗi. Ta ba shi, me za ta ce? Kashinsa yana can ƙasa ya manne da bango. Ruwan ɗumi bai yi masa ba, jira bai yi masa ba. Ya ɗauko wuƙar da yake feƙe rake da ita, ya kafa, ya sa dutse ya doka. A nan marigayiya ta yi maganarta ta uku, wadda ba ta taɓa yi ba: "fssssss". Rahila ta ji daga kan keken ɗinki ta leƙo ta tambaya. Ya ce lemo ya buɗe. Lemo, jama'a! Da rana tsaka, da azumi a bakinsa! Ya rufe murfi, ya mayar da kwaɗo, ya miƙa mabuɗi, ya je ya soya hantarsa.

Kwana biyu baiwar Allah tana gurnani da huda a ciki, kowa ya wuce ya ji "gurrrr" ya ɗauka lafiya. Ran jajibere na dawo na buɗe. Ba zan faɗi abin da hancina ya gani ba, akwai masu karatu suna cin abinci. Nama kashi tara ya yi kore, ƙanƙara ɗari uku suna iyo a cikin jini. Uwaisu mai gyaran firij ya zo ya duƙa, ya saurara, ya cire hularsa. Ya ce iskar sanyi ta tsere, ruwa ya shiga injin, injin ya ƙone, ko oga da ya koya masa aiki ba zai tashe ta ba. Sannan ya sa filaya ya zaro wani abu daga bangonta ya ɗora mini a tafin hannu. Tsinin wuƙa ne, tsawonsa bai kai gaɓar yatsa ba.

Marigayiya ta bar sitabilaiza ɗaya mai daidaita mata wuta, wanda yanzu yake zaune yana ƙifta jan ido ba wanda zai tsare. Ta bar kular zuba ƙanƙara biyu, ludayi ɗaya, farar leda bandir huɗu da ba su san makomarsu ba, da katan shida na lemo da suka zama marayu. Ta bar yaran layi suna leƙe a ƙyaure, da masu okada da suka koma shan ruwan leda mai ɗumi. Ta kuma bar masu ajiya tara, waɗanda a shekara goma sha ɗaya ba wanda ya taɓa goge mata murfi.

Ina godiya ga waɗanda suka zo ta'aziyya. Ba su da yawa, ba za su wahalar da ni ba. Su Kyauta kuwa, da suka shigo ba sallama suna tambayar ina namansu tun gawa ba ta huce ba, Allah ya saka mini. Ke Kyauta, kifinki ya kwana a cikinta, kunun ayarki ya kwana, har maganin ciwon idon mijinki ya kwana, amma ba ki iya cewa "ya haƙuri" ba. Kai ma Mato na ji ka, da kake cewa dama ta tsufa. Babur ɗinka da sai an tura ya tashi, shi yaro ne?

Da a nan abin ya tsaya da na haɗiye. Sai aka tashi neman mai laifi, aka ga mabuɗi a hannun Rahila yake. Ta faɗi abin da ta gani da abin da ta ji, aka ce ƙarya take yi wa mai furfura, shi kuwa ya shafa gemu ya ce bai ko bi ta barandar ba. Daga nan bakuna suka buɗe. Wai da gangan ta kashe soket don ta ɓata wa Musulmi Sallah. Rahila! Matar da duk azumi take taya ni ƙulli har bayanta ya ƙage, ba ta taɓa tsotsar ko ɗaya a gaban mai azumi ba. Matar da ta ɗinke wa rabin yaran gidan nan kayan Sallar da suka sa suka je idi. An daina amsa gaisuwarta, an hana yara shiga ɗakinta. Shekaranjiya mai kula da gidan ya kawo mata takarda, wai don zaman lafiya ta kwashe kayanta ƙarshen wata. Jiya na same ta tana cusa zare da almakashi a buhu, ta ce mini kada in damu, Allah yana gani. Ni ma ina gani, kuma tsinin wuƙa yana ƙulle a haɓar zanina.

Na kai wa maigidana shi. Ya juya shi a hannu, ya gane, don tare suka sayo wuƙar. Ya ce in rufa asiri, in ce wuta ce ta yi ƙarfi. Ya ce yayansa ne uwa ɗaya uba ɗaya, shi ya riƙe shi bayan rasuwar mahaifinsu, ita kuwa Rahila ɗakin haya bai ƙare a Legas ba. Ya ce ranar da sunan yayansa ya fito daga bakina, in nemi motar Kano.

To, a san wace ce ni. Shekara ashirin da uku da aure, ban taɓa kiran sunan maigidana ba. 'Yata ta fari ga ta har ta haihu, sunanta bai taɓa hawa harshena ba. Shi kuwa wannan dattijo, da ya zo daga ƙauye yin mako biyu yau shekara uku, Yaya nake ce masa, a durƙushe nake miƙa masa tuwo, ko mai irin sunansa na gani a hanya sai in ce mai sunan Yaya. Haka uwata ta koya mini kunya, kuma na riƙe. Amma uwata ba ta ce in yi kunya a kori baiwar Allah a kan laifin wani ba. Kowa ya ɗebo da zafi, bakinsa.

Saboda haka, ga tsarin jana'iza.

Za a fito da gawa ranar Asabar da ƙarfe goma na safe, a tsakar gida, kusa da famfo. An riga an yi mata wanka sau biyar da omo da lemon tsami, ni da Rahila muka yi, ba wanda ya kama mana. Ana gayyatar duk masu kashi tara, da mai kula da gida, ya taho da takardarsa. Uwaisu zai nuna hudar ga duk mai son gani. Bayan haka za a ajiye tsinin wuƙa a kan murfi, a ɗauko wuƙar rake da ke soke a bayan buhun gawayi, a haɗa su a gaban kowa. Ranar wanka ba a ɓoyon cibi.

Ba a buƙatar kuka, na yi wanda ya isa. Mai ta'aziyya ya fara biyawa ta ƙofar Rahila ya ba ta haƙuri kafin ya iso tawa. Wanda ya tsallake, ya riƙe ta'aziyyarsa ya ƙara a miya.

Daga nan za a kai marigayiya makwancinta wurin 'yan gwangwan da ke hayin layin dogo. Sun ce za su turo kura, na ce a bar ta, muna da mai ɗauka. Wanda ya iya dutse da wuƙa zai iya gammo. Sunansa Balarabe. Balarabe mai rake, yayan maigidana, shi ya soke ta, shi ya rufe, shi ya yi shiru ana tsine wa Rahila.

Na faɗa, kuma harshena bai faɗi ƙasa ba. Jakata a ɗaure take tun jiya, motar Kano ba ta ƙare a tasha ba. Amma ba inda za ni sai Rahila ta kwance buhunta, sai kuma na ga Balarabe ya tsallaka layin dogo da gawar nan a kansa.

Sanarwa daga mai takaba,
Halima Sa'adiya, ɗaki na huɗu.